Oyishi Kuranosuke, wazirin Ako

Can gabas mai nisa, bayan ƙasar Sin, akwai wata ƙasa cikin teku ana ce mata Japon. Ku duba taswira za ku gan ta, tsibirai ne a jere. Shinkafa da kifi su ne cimar mutanenta. Babban birninta yanzu shi ne Tokiyo, amma a zamanin da za mu ba da labari sunan garin Edo. Labarin na wani mutum ne, Oyishi Yoshiyo, wanda aka fi sani da Oyishi Kuranosuke. Ya rasu yau fiye da shekara 300, duk da haka mutane ba su daina kai ziyara kabarinshi ba.

Kafin mu shiga labarin, sai mun san yadda ake mulkin ƙasar. Sarkin sarakuna yana zaune a birnin Kiyoto, ana girmama shi, amma iko ba ya hannunshi. Iko yana wurin babban sarkin yaƙi da ake kira shogun, shi kuwa a Edo yake. Tun shekarar 1603 zuriyar Tokugawa ke riƙe da wannan sarauta. Ƙarƙashin shogun akwai hakimai fiye da 200, kowa da ƙasarshi da baradenshi. Waɗannan barade su ne samurai. Barde yana ɗaura takobi biyu, dogo da gajere. Ubangidanshi yana ba shi shinkafa kowace shekara, shi kuma ya yi mashi biyayya har bakin rai. Ma'aunin shinkafar sunanshi koku. Koku guda ya kai litir 180, wato abin da mutum ɗaya zai ci a shekara. In hakimi ya yi babban laifi, shogun yakan ƙwace ƙasar, barade su watse ba ubangida ba albashi. Irin wannan barde ana ce mashi ronin.

Ƙuruciyarshi

An haifi Oyishi a shekarar 1659 a Ako, wata ƙaramar ƙasa a bakin teku, yamma da Kiyoto. Arzikin Ako gishiri ne, ana dafa ruwan teku a fid da shi. Hakiman ƙasar su ne zuriyar Asano, su Oyishi kuwa su ne gidan waziri, gado da gado.

Bai daɗe da ubanshi ba. Uban ya rasu a 1673, yaron yana da shekara 14, sai kaka ya riƙe shi. Kakan shi ma ya rasu a 1677. Oyishi ya gaji gida da albashin koku 1500, kana a 1679 ya zama babban waziri yana ɗan shekara 20. Hakimin da yake yi wa aiki, Asano Naganori, ƙaninshi ne da shekara 8.

A lokacin nan an daɗe ba a yi yaƙi a Japon ba. Barade suna da takuba, amma yawancinsu alƙalami suke riƙewa, suna lissafin haraji da shinkafa. Oyishi ma haka. Mutum ne marar yawan magana, marar hanzari, har mutanen Ako suka laƙaba mashi suna fitilar rana, wato abin da ake da shi amma ba ya amfanin kome. Ya auri wata mata sunanta Riku, daga ƙasar Toyoka. A 1688 ta haifa mashi ɗa namiji, Cikara.

Abu guda ya faru a 1694 wanda ya kamata ku riƙe. Hakimin Matsuyama ya rasu ba magaji, shogun ya ƙwace ƙasar, ya umurci mutanen Ako su je su karɓi ganuwar. Aiki ne mai hatsari, don baraden da za a kora suna iya ɗaukar makamai. Oyishi ya shiga ya zauna da wazirinsu, suka yi magana, aka buɗe ƙofa ba a zub da jini ba. Ya ga yadda barade ke fita da kayansu da ƴaƴansu ba su san inda za su ba. Bayan shekara 7 abin ya zo kanshi.

Abin da ya faru a fadar Edo

Kowace shekara sarkin sarakuna yakan aiko manzanni Edo su gai da shogun. Akan zaɓi hakimi ya yi masu hidima da kuɗinshi. A 1701 aka zaɓi Asano. Wanda ke koya wa hakimai ladabin fada wani dattijo ne mai shekara 60, Kira Yoshinaka.

Ranar 21 ga Afrilu 1701, ana cikin shirin biki, Asano ya zaro gajeren takobinshi cikin wani dogon soro na fada, ya sari Kira a goshi da baya. Wani bafade ya rungume shi ta baya ya hana shi ƙarasawa. Kira bai mutu ba, bai kuwa zare nashi takobi ba.

Mene ne ya haɗa su? Asano ya nuna cewa yana da ƙullin Kira a zuci, amma ya mutu bai bayyana ko na mene ne ba. Masu ba da labari na baya su ne suka ce wai Kira ya raina kyautar da aka kai mashi, ya riƙa wulaƙanta Asano gaban jama'a.

Zare takobi cikin fadar shogun laifin kisa ne. Shogun na lokacin, Tsunayoshi, ya husata ƙwarai, don an kunyata shi gaban baƙi. Bai jira dogon bincike ba. A ranar nan ya yanke hukunci: Asano ya kashe kanshi, a ƙwace ƙasar Ako. Wannan irin mutuwa ana ce mata seppuku, barde ya soka wa cikinshi wuƙa, wani na tsaye ya ƙarasa shi da takobi. A wurinsu ta fi a ba da mutum ga hauni daraja. An soke wannan hukunci a Japon tun 1873. Kira kuwa aka ce ya je gida ya yi jinya. Nan ne zuciyar mutanen Ako ta ɓaci, don tsohuwar al'adar barade ita ce in mutum biyu sun yi faɗa, a hukunta su duka biyu.

Oyishi ba ya Edo, yana Ako. Tsakanin garuruwan biyu ya fi kilometir 600, kusan nisan Yamai zuwa Maraɗi. Manzanni biyu suka shiga makara irin wadda ake ɗaukar matafiya a kafaɗa, ana canjin masu ɗauka zango zango, dare da rana. Cikin kwana huɗu da rabi suka iso, sun galabaita.

Waziri marar ubangida

To, ga barade kusan 300 sun wayi gari ba ubangida. Aka taru cikin ganuwa. Waɗansu suka ce a rufe ƙofa a yaƙi rundunar shogun. Waɗansu suka ce kowa ya kashe kanshi a bakin ƙofa. Waɗansu kuwa suka ce a raba kuɗi kowa ya kama gabanshi.

Ku dubi abin da Oyishi ya fara yi. Ƙasar Ako tana da kuɗin takarda nata na kanta, waɗanda ba su ci sai cikin ƙasar. In an ƙwace ƙasar, takardun nan sun zama banza, fatake da manoma da masu dafa gishiri sun yi hasara ke nan. Tun kafin a gama gardama, Oyishi ya sa aka buɗe taska aka fara canza wa mutane takardunsu da azurfa, ana biyan kashi 60 cikin 100. Ba a biya duka ba, don taskar ba ta isa ba, amma talakawa ba su tashi hannu banza ba. Da aka zo rabon abin da ya rage tsakanin barade, ya tsaya sai an kyautata wa ƙanana masu ɗan albashi. Shi kanshi bai karɓi rabonshi ba. A ganina, wannan aiki na kwanakin farko bai kasa abin da ya yi da takobi daga baya ba, ko da yake masu waƙa ba su cika ambatonshi ba.

Kana ya shawo kan masu son yaƙi. Cikin watan Mayu 1701 aka miƙa ganuwar Ako lami lafiya. Dalilinshi shi ne, marigayi yana da ƙane, Asano Daigaku. In sun yi biyayya, watakila shogun ya ji tausayi ya naɗa ƙanen, gidan Asano ya tashi, barade su koma aikinsu. In sun yi tawaye, ƙanen ma ya halaka.

Oyishi ya ƙaura Yamashina, wani ƙauye kusa da Kiyoto. Daga can ya yi ta aika roƙo, yana bin manyan malaman addininsu da dangin Asano su sa baki. Fiye da shekara guda yana wannan.

Amma a Edo akwai samari masu zafin zuciya, babbansu Horibe Yasube, gwanin takobi. Su ba ruwansu da sarautar ƙane, kan Kira suke so. Suna ta rubuto wa Oyishi takardu, suna cewa dattijon nan yana iya mutuwa da kanshi, ko ɗanshi, wanda ke hakimcin wata babbar ƙasa a arewa, ya ɗauke shi ya ɓoye. Oyishi ya je Edo da ƙafarshi ya lallashe su. Gaba kura baya siyaki: in ya bi samari ya kashe gidan Asano, in ya ci gaba da jira samari su ɓalle su yi abin su kaɗai, su mutu banza.

Jiran nan ya ci mutane. Barade da yawa sun talauce, sun sayar da kayansu. Ɗaya daga cikin manzannin nan biyu da suka kawo labari, wani saurayi Kayano Sampe, ubanshi ya matsa mashi ya kama aiki wurin wani ubangida. Ya rasa yadda zai saɓa wa uba, ya rasa yadda zai karya rantsuwa, sai ya kashe kanshi a farkon 1702.

A shekarar nan Oyishi ya mai da matarshi Riku gidan iyayenta tare da ƙananan yara, tana da ciki. Daga baya ya aika mata takardar saki. Ba ƙiyayya ba ce. A dokar zamanin, laifin mutum yakan shafi iyalinshi, yana so ya raba su da abin da ke tafe. Babban ɗan, Cikara, shi ya zaɓi ya zauna da uban. Shi kuwa Oyishi sai aka fara ganinshi a gidajen shaye-shaye da kiɗa na Kiyoto. Masu wasan kwaikwayo sun ce dabara ce don ƴan leƙen asirin Kira su ɗauka ya lalace. Mai yiwuwa ne. Amma kada mu manta mutum ne da ya rabu da matarshi, ya kuma san kwananshi sun kusa ƙarewa.

An rufe ƙofar roƙo

Cikin damina ta 1702 hukunci ya fito. Shogun ya sa a kai Daigaku Hiroshima, ya zauna tsare a hannun danginshi. Gidan Asano na Ako ya mutu ke nan. Bayan ƴan kwanaki Oyishi ya tara mutanenshi a Kiyoto, ya gaya masu yanzu za a nemi Kira.

Mutum wajen 120 ne suka taɓa sa hannu a takardar rantsuwa. Oyishi ya so ya san masu gaskiya. Ya aiki mutum biyu su bi su gida gida, su mayar wa kowa takardarshi, su ce an fasa. Wanda ya karɓa da murna, aka bar shi. Wanda ya husata ya ƙi karɓa, aka gaya mashi gaskiya. Suka rage wajen 50, yawancin manyan masu albashi sun janye. Daga ƙarshe mutum 47 suka tsaya. Babbansu, Horibe Yahe, ya wuce shekara 75. Ƙaraminsu Cikara, bai cika 16 ba.

Suka shiga Edo kaɗan kaɗan da sunayen aro. Kira ya riga ya bar aiki, ya koma wata unguwa, Honjo, ƙetaren kogin Sumida. Ɗaya daga cikinsu ya buɗe shagon shinkafa dab da gidan, yana duban masu shiga da fita. Wani, Otaka Gengo, ya zama almajirin malamin dafa shayi wanda ke zuwa gidan Kira. Ta haka aka san ranar da Kira zai tara baƙin shan shayi, wato lalle a gida zai kwana.

Duk wannan aiki kuɗi yake ci. Oyishi yana riƙe da kuɗin zinariya kusan ryo 700, daga ciki 300 na matar marigayi Asano ne. Kowane abu da aka kashe sai ya rubuta: kuɗin hanya, kuɗin haya, abincin waɗanda yunwa ta kama, sulke, masu, addu'ar marigayi. Kafin ranar ya rufe lissafi. Kuɗin suka kasa da ryo 7 da ɗan kai, ya cika daga aljihunshi, ya aika wa uwargidan da littafin.

Daren Honjo

Mutanen Japon na lokacin da watan sama suke lissafi. Daren 14 ga watansu na 12 ne, wato 30 ga Janairu 1703. Sanyi ya yi tsanani, ƙanƙara kwance a ƙasa fari fat. Wajen ƙarfe 4 na asuba suka isa gidan, sun sa sulke ƙarƙashin baƙaƙen riguna irin na masu kashe gobara. Suka rabu biyu. Oyishi ya ja na ƙofar gaba, suka hau da tsani. Cikara yana tare da na ƙofar baya, suka fasa ta da guduma. Suka kafa gora a bakin ƙofa da akwati, a ciki akwai takarda mai bayyana dalilin zuwansu da sunayensu. Suka kuma sanar da maƙwabta cewa ba ɓarayi ba ne, ba ruwansu da kowa sai Kira. Wani maƙwabci ya sa aka ɗaga fitilu bisa katanga, bai aika kowa ceto ba.

Aka yi faɗa kusan awa biyu. Da suka kai ɗakin kwanan Kira, shimfiɗa da ɗumi amma ba kowa. Suka bincike gidan, har gari ya fara wayewa. Can suka ji motsi a wani ɗakin ajiyar gawayi kusa da madafa. Aka soka mashi ciki, aka jawo wani tsoho da farar rigar barci. Suka gane shi da tabon saran Asano. Suka kashe shi, suka yanke kan, aka busa usur. Mutanen gidan Kira fiye da 15 sun mutu a daren nan suna kare nasu ubangida, su ma barade ne masu biyayya. Cikin 47 ba wanda ya mutu. Kafin su fita suka kashe duk wutar da ke gidan, don Edo garin katako ne, gobara ɗaya tana cinye unguwa.

Ba su gudu ba. Suka taka da ƙafa wajen kilometir 10 zuwa haikalin Sengakuji, inda aka binne Asano. Suka wanke kan a rijiya, suka aje shi gaban kabari. Tun a hanya Oyishi ya aiki mutum biyu su kai kansu ƙara wurin babban mai binciken shogun. Mutum guda, Terasaka Kiciyemon, wanda ya fi su ƙanƙantar matsayi, ba a gan shi a haikalin ba. Shi ya rayu har 1747.

Hukunci

Aka raba mutum 46 gidajen hakimai huɗu a tsare. Oyishi da mutum 16 suka faɗa gidan Hosokawa, inda aka riƙe su kamar baƙi. Cikara yana wani gida dabam.

Shogun ya shiga uku. Shi ne kullum yake kiran barade zuwa ga biyayya, ga waɗansu sun nuna ta. Amma dokar ramuwa ta yarda mutum ya rama jinin ubanshi ko wanshi ne, bayan ya nemi izini. Kira bai kashe Asano ba, hukuncin shogun ne ya kashe shi. Kuma sun ƙulla ƙungiya a ɓoye, sun shiga da makamai cikin birnin shogun. In an sake su, an yarda hukuncin 1701 kuskure ne. Masana suka rabu. Muro Kiyuso ya rubuta littafi yana yabonsu. Sato Naokata ya ce masu laifi ne, don sun ta da hannu kan abin da hukuma ta riga ta yanke. Wani barde ma daga baya, Yamamoto Tsunetomo, ya zarge su ta wani gefe, ya ce sun yi jinkiri, da Kira ya mutu da ciwo a tsakani da sun ji kunya.

Bayan kwana wajen 50 aka yanke: za su mutu, amma mutuwar barade, ba ta ɓarayi ba. Ranar 20 ga Maris 1703 dukansu 46 suka yi seppuku. A gidan Hosokawa, Oyishi aka fara kira. Yana cikin shekararshi ta 44. Aka binne kusan dukansu a Sengakuji kusa da ubangidansu. A ranar nan kuma aka ƙwace gidan Kira. Jikanshi mai gado, wanda ya yi faɗa har aka ji mashi rauni a daren, aka kai shi wata ƙasa cikin duwatsu a tsare, ya rasu can a 1706 yana ɗan saurayi.

Tsunayoshi ya rasu a 1709, aka yi afuwa. A 1710 aka ba Daigaku ƙaramin matsayi da koku 500. Jaririn da Riku ta haifa bayan rabuwarsu, Daisaburo, dangin Asano na Hiroshima suka ɗauke shi aiki a 1713, da albashin koku 1500 daidai da na uban da bai taɓa gani ba. Riku ta zauna tare da shi har ta rasu a 1736.

A 1748 aka yi wasan ƴan tsana a birnin Osaka mai suna Cushingura. Da yake hukuma ta hana a nuna al'amuran manya na zamani, sai aka sāke sunaye, aka mai da labarin wani tsohon zamani. Daga wannan wasa da irinshi, har zuwa silima, aka samo yawancin ƙarin gishirin da ke cikin labarin, kamar gangar da wai Oyishi ya kaɗa a bakin ƙofa. A cikinsu Kira mugu ne. Amma a garinsu na gado, wanda ake kira Kira, mutane suna tunawa da shi a kan hakimin kirki da ya gina masu madatsa ta kare gonaki daga ambaliya.

Kowace shekara ranar 14 ga Disamba ana biki a Ako da Sengakuji, maziyarta suna kunna turare gaban kaburburan. Littafin lissafin nan da Oyishi ya aika wa uwargidan Asano bai ɓace ba, yana ajiye a haikalin Hakone.